Bida Biyu da Randar Kakata

Shekarun baya na tafka wata 'yar wauta, wadda da na buɗe baki na yi tambaya ɗaya tak da ba ta faru ba. An aike ni in ɗauko abin da ban sani ba, sai girman kai irin na ɗan birni ya hana ni cewa ban san shi ba. Birnin ma wane birni? Gumel. Amma a lokacin, in na je ƙauyen kakata da ke bayan Sule Tankarkar, tafiya nake yi kamar wanda ya sauko daga jirgin sama.

Hutun makaranta ne, damina ta fara leƙowa. Mahaifiyata ta tura ni wajen Kaka domin, a faɗarta, kunnuwanta su sha iska. Ban ga laifinta ba. Ni mutum ne mai ƙara wa labari gishiri. In na ga ɓera a ɗaki, kafin in kai labarin ƙofar gida ya zama gafiya, kafin in kai shi bakin titi ya zama ɗan akuya. Ku riƙe wannan, zai dawo ya cije ni a gaba.

Kaka tana da wata randa. Ta mahaifiyarta ce, da ita aka kai Kaka ɗakin miji, kuma tun daga ranar randar ba ta taɓa motsawa daga ƙarƙashin rumfar tsakar gida ba. Baƙa ce, mai faɗin ciki, rabinta a binne cikin yashi mai laima. Ruwanta sanyi har cikin haƙori. Da azumi, rabin ƙauyen nan wajenta suke aiko yara da kwanon sha. Na taɓa tambayarta wa ta fi so, ni ko randar. Ko tunani ba ta yi ba.

"Maigida, kai in ka fashe uwarka za ta haifi wani. Wannan kuwa wadda ta gina ta ta daɗe a ƙasa."

Maigida take kirana, irin wasan kaka da jika.

Ruwan farko da aka yi ya nuna jinkar ɗakinta tana yoyo, sai kawuna ya zo gyara. Shi ne autan Kaka, ƙanin mahaifiyata, dillalin shanu a kasuwar Maigatari. Ƙato ne, muryarsa kamar ganga. A wajensa na gaji gishirin nan, in gaya muku gaskiya. A bakinsa, ya taɓa kama bijimi da ƙaho ya kayar, kuma in ya daka wa raƙumi tsawa durƙusawa yake yi tun daga tsallaken iyaka.

Da hantsi ya hau tsani da damin ciyawa da igiya, ya zauna a kan jinka. Ina ƙasa ina miƙa masa abubuwa, ina ba shi shawarar da bai nema ba. Can sai ya laluba nan, ya laluba can, ya yi tsaki.

"Kai ɗan birni! Je ka gindin randa ka ɗauko min bida. Can na ajiye ta ɗazu da na sha ruwa."

Na ce, "To, Kawu."

To ɗin nan ita ce wautar. Ban taɓa jin kalmar ba a rayuwata. Gidanmu na Gumel rufin kwano ne, ina zan san bida doguwar allurar ƙarfe ce da ake ɗinke ciyawar jinka da ita? Amma in tsaya a gaban Kawu in ce mece ce bida, ya kwashe da dariya, ya kai labarin Maigatari? Gara in je in duba, duk abin da na gani da ya yi kama da bida, shi ne.

Na je gindin randa. Moɗa na gani, da tsintsiya, da wani tsohon kasko a kife. Babu wanda ya yi min kama da bida a cikinsu. Na ɗaga kaskon. Sai ga wani abu siriri, baƙi, yana sheƙi kamar an goge shi da man gyaɗa, tsawonsa bai wuce taƙina ba. Yana jin haske ya fara cusa kai cikin yashi.

Na ce a raina tana ce, tsutsar nan ta damina. Na kamo ta. Amma tana laushi ne da ita da yauƙi, wannan kuwa a bushe take, sulɓi kamar igiyar caja. Na kawo ta kusa da idona. Ashe jikinta duk ƙananan ɓawo ne a jere. Gaba da baya kusan iri ɗaya, ka rasa ina ne kai ina ne wutsiya. Sai da na ƙura ido na ga wasu ɗigo biyu baƙaƙe a gefe guda, kamar an taɓa da bakin biro, sai kuma wani ɗan harshe mai reshe biyu ya leƙo ya koma. Ɗaya gefen kuwa wani ɗan tsini ne da ta dinga dungurin yatsana da shi, ko ƙaiƙayi bai yi ba. Sannan ta sakar min wani abu mai wari a tafin hannu, wato gaisuwarta ke nan.

Kaka tana can gefe tana tankaɗe. Na ɗaga mata.

"Kaka, mene ne wannan?"

Ta ɗago ta kalla, ta mayar da kanta kan rariya. "Bida ce. Baiwar Allah, ba ruwanta da kowa. Gara take ci da ƙwan tururuwa."

Bida!

Ku tsaya ku ji lissafin da na yi, don har yau ina ganin lissafi ne mai kyau. Kawu ya ce bida tana gindin randa. Ga bida a gindin randa. Kaka ta ce gara take ci. Me yake cinye jinka? Gara. Ashe mutanen ƙauye in sun gama gyaran rufi sai su saka bida a ciki ta yi gadi. Har na fara shirya yadda zan ba abokaina labarin wannan hikima in na koma makaranta.

Na hau tsani da hannu ɗaya. Kawu ya juya min baya yana danna ciyawa da gwiwa.

"Kawu, ga ta."

Bai waiwayo ba, ya miƙo hannu ta baya. Na ɗora masa ita a tafi. Ya dunƙule.

Ta motsa.

Jama'a, na sha jin ihu, amma wannan ban taɓa jin irinsa ba. Mutumin da raƙuma suke durƙusa wa ya kira sunan mahaifiyarsa da muryar amarya. Ya watsar da hannu, bidar ta yi sama, shi ya yi ƙasa. Ya sulalo daga kan jinka da ciyawa da igiya da komai, ya dira a kan mazaunansa, tim! Sai ya sake wani ihun da ya fi na farko.

"Inna! Ta sare ni! Wayyo, ta sare ni!"

Kafin in sauko daga tsani gidan ya cika. Kawu yana kwance rub da ciki a tabarma, jini ya ɓata bayan wandonsa. Wani ya ruga kiran wanzami, wani ya tafi neman babur a kai shi asibiti. Ni kuwa na hango bidar a kan yashi tana ta ƙoƙarin nutsewa, na ɗauke ta na saka a gwangwanin madara, don na ga ƙafafu sun yi yawa.

Akwai wani maƙwabcin Kaka, sa'an Kawu, irin mutanen nan da babu abin da ba su sani ba a duniya, daga ciwon jaki har siyasar Amurka. Ya leƙa gwangwanin, ya yi baya da sauri.

"Innalillahi! Mai kai biyu ce! Wannan ai da kai biyun take sara. In ta sari mutum da safe, la'asar a yi masa sallah."

Kawu ya ji, ya fara kalmar shahada.

Na ce, "Baba, kai ɗaya ne da ita. Wancan wutsiya ce. Kuma a hannu na ba shi, yaya aka yi ta sare shi a baya?"

"Tsalle take yi."

"Baba, ko ido ba ta da shi na kirki."

"Shi ya sa take sarar duk inda ta samu. A ina ka gan ta?"

Na faɗa masa. Da na sani da na yi shiru. Ya juya ya kalli randar Kaka kamar alƙali ya ga ɓarawo.

"To shi ke nan. Gidansu yana ƙarƙashi. Da dare suke hawa su yi aman dafi a ruwa. Ashe shi ya sa ruwan nan yake da sanyin da ba na Allah da Annabi ba! A fasa ta, a tone wurin, a zuba kalanzir."

Ku ji fa! Mutumin da duk azumi 'ya'yansa ne a gaban layi da kwano. Shekara da shekaru yana shan ruwan nan yana gyatsa, yau ya gano dafi ne. Kuma abin da ya fi ƙona min rai, jama'a suka ce haka ne. Wata ta ce ita ma ta daɗe tana jin cikinta yana murɗawa. Wani ya ce akuyarsa da ta mutu bara ta taɓa lasar gindin randar.

Na zuba bidar a tafin hannuna na ɗaga sama kowa ya gani. Na ce, "Ga ta nan! Tun ɗazu tana hannuna. Ga yatsana a bakinta. Ku duba bakin ma, ko ƙwayar gero ba za ta shiga ba!"

Wata mata ta ce, "Wannan yaron? Ba shi ne ya ce ya ga kada a rijiya ba?"

Na faɗa kuwa. Kwaɗo ne. Amma wannan daban.

"Ba shi ne ya ce a Gumel akwai motar da ke magana ba?"

"Wallahi wannan karon gaskiya nake faɗa!"

Suka yi min dariya, a tsakiyar tashin hankali. Ranar da na faɗi magana ba ko ƙwayar gishiri, ranar ce ba wanda ya saya. Maƙwabcin ya buge min hannu da sanda, bidar ta faɗi. Kafin in sunkuya ya ɗaga fartanya ya sare ta. Ya sake sara a ɗaya gefen, wai don kada kai na biyu ya rama.

Abin da bai kai kaurin fensir ba. Ƙato da gemu, da fartanya, yana haki kamar ya kashe zaki. Har da masu cewa sannu da ƙoƙari.

Na fashe da kuka, ba na tsoro ba, na haushi. Shi kuwa ya jefar da fartanya ya ɗauko taɓarya, ya nufi rumfa.

Sai ya tarar da Kaka. Ban ga lokacin da ta tashi ba. Ta jawo kujerarta 'yar tsuguno ta ajiye a gaban randa, ta zauna, ta gyara zani. Ta ɗebo ruwa a moɗa ta sha a hankali, kowa yana kallo. Ta ƙara. Sannan ta kalli maƙwabcin.

"Ɗan nan, da ruwan randar nan aka yi maka wankan farko ranar da uwarka ta haife ka, don rijiya ta ƙafe a shekarar. In dafi ne, a kanka ya fara aiki, kuma na ga alama."

"Inna, ki tashi. Rai ake magana."

"Fara ta kaina."

Kawu daga tabarma ya ce, "Inna, ki bari a fasa, zan sayo miki ta roba babba a Maigatari."

"Auta, ka mutu tukuna in mutuwar za ka yi, ka bar min randata."

Mutane sun fara matsowa, mata biyu suna lallashinta suna kama ta ta kafaɗa za su ɗaga ta. Na san in suka ɗaga ta, an gama. Na kuma san ni na jawo. Na je na tsaya a bayanta na rungume randar, duk da hannuwana ba su zagaye ko rabinta ba.

A haka wanzami ya shigo da zabirarsa. Ya kori mata gefe, ya sa aka kare Kawu da zani, ya tsuguna. Muna jin muryarsa daga bayan zanin.

"Ina saran?"

"Ga shi nan, Malam. Ina jin dafin ya kai ƙirji."

Sai muka ji wanzami ya yi tsaki.

"Huda ɗaya ce."

Maƙwabcin ya ce, "Da kai ɗaya ta samu dama."

"Kuma mai zurfi. Wannan maciji haƙorinsa ya kai ɗan yatsa? Ɗaga rigar in gani. Me ke cikin aljihun nan?"

Sai muka ga hannun wanzami ya fito ta saman zani, riƙe da wata doguwar allurar ƙarfe, bakinta da jini. Ta huda aljihun rigar Kawu, ta huda wando, ta huda Kawu. Tun safe tana aljihunsa. Bai taɓa ajiye ta a gindin randa ba.

Wanzami ya ce, "Gaskiyarka, bida ce ta soke ka. Ga ta."

Na kalli allurar, na kalli Kaka. "Ita ma wannan bida ce?"

Kaka ta ce, "Ita ce bidar ma. Waccan don ta yi kama da ita aka ba ta sunan. Maigida, kana nufin ba ka sani ba?"

To, a nan kuna tsammani za a ba da haƙuri, ko? Ni ma haka na zata. Maƙwabcin ya jingine taɓarya a hankali kamar ba shi ya ɗauko ba, ya ce ai rigakafi ya fi magani, kuma ko ba yau ba wata rana za ta yi sara. Matar da cikinta yake murɗawa ta ɗebi ruwa a randar ta sha kafin ta fita. Kawu ya dawo daga bakin kabari da ƙarfinsa, ya ce a kamo masa ni. Duk gidan suka yarda cewa laifina ne. Na yarda da kasona, ni na ce to alhali ban sani ba. Amma wanda ya manta allura a aljihunsa, da wanda ya yi kisa, da masu shaidar zur a kan randa, kowa ya kaɗe rigarsa ya tafi. An kai Kawu asibiti a kan babur, a zaune a karkace, aka yi masa allurar tsatsa. Wato bida ta soke shi, likita ya ƙara masa.

Da aka koma makaranta na tare malaminmu na kimiyya na kwatanta masa ita, ban ƙara ko ɗigo ba. Ya ce maciji ne na gaskiya, ba tana ba, tunda tana da ƙashin baya da ɓawo da harshe mai reshe. Ya zana min a allo kamar bishiyar dangi: ga masu ƙashin baya, a cikinsu ga masu jan ciki irin su ƙadangare da kunkuru, a cikinsu ga macizai. Macizan ma suka rabu. Su kububuwa da kasa da kumurci suna can nasu reshen. Bida da 'yan'uwanta, da ake kira makafin macizai, suna wani reshe daban da ya ware tun tuni, kuma iri-iri ne a ƙasashe masu zafi. Na ce wato dangantakarta da kububuwa kamar tawa ce da wani attajirin Kano da muke suna ɗaya. Ya ce kusan haka.

Ya ce ba ta da dafi ko kaɗan. Idanunta suna ƙarƙashin ɓawo, haske da duhu kawai take bambancewa, don wanda yake rayuwa a cikin ƙasa ba ya bukatar fiye da haka. Kanta a dunƙule yake don haƙa, tsinin wutsiyar kuma tokara take yi da shi ta tura jikinta gaba. Da harshe take bin sawun gara da tururuwa har gidansu ta cinye ƙwai da 'ya'ya. Tana son laima, shi ya sa ake ganinta bayan ruwan sama, ko a gindin randa. Warin nan da ta sakar min kuwa, shi ne duk makaminta a duniya.

Shi ne duk makaminta! Na fito daga ajin nan raina ya fi ɓaci fiye da yadda na shiga. Gara tana cinye mana rumbu da jinka da ƙyaure, Allah ya ba mu mai gadi kyauta, ba ta neman tuwo ba ta neman godiya, mu kuma muka ƙaga mata kai na biyu don mu ji daɗin kashe ta. Ban ce kowa ya je ya rungumi maciji ba. In ka ga kububuwa ka yi ta kanka, in ta sari mutum a ruga asibiti, kada a tsaya jiran kowa. Amma a ce abu laifinsa kawai ya yi kama da mai laifi?

Tun daga ranar na koyi cewa ban sani ba. Tana da ɗaci a baki, amma ba ta sauko da kowa daga kan rufi. Gishirin kuma na rage, ban daina ba, kada in yi muku ƙarya. Na dai gane cewa nawa gishirin dariya yake sawa, na maƙwabcin kuwa fartanya yake ɗagawa, kuma su biyun daga buhu ɗaya ake ɗibarsu. Wannan ne ya fi damuna in na tuna.

Randar tana nan a ƙarƙashin rumfa, ko tsaga babu, kuma 'ya'yan maƙwabcin suna nan a gaban layi duk azumi. Bidar ƙarfe tana soke a jinkar Kaka. Kawu har yau a Maigatari yana ba da labarin yadda maciji mai kai biyu ya sare shi ya tashi, ba ya dai nuna tabon. Ita kuwa ta ƙasa, wadda ita kaɗai ce ba ta huda kowa ba a ranar, ni da Kaka muka tattara ta gida uku muka binne a gindin randa, muka mayar da kaskon a kai.